Wasa Biyar Cikin Kwana Shida: Kakar 1899 Ta Sewanee Da Kuɗin Ƙofar Da Ya Haife Ta

Ranar Alhamis 9 ga Nuwamba 1899, wasu samari 'yan wata ƙaramar jami'a da ke kan tsauni a jihar Tennessee ta Amurka suka shiga filin ƙwallon ƙafa irin na Amurka a birnin Austin, suka doke Jami'ar Texas da maki 12 da nema. Washegari Juma'a suna Houston, suka ba Texas A&M kashi 10 da nema. Asabar ta riske su a New Orleans, Tulane ta sha 23. Lahadi suka miƙe ƙafa. Litinin a Baton Rouge jami'ar jihar Louisiana, wadda aka fi sani da LSU, ta kwashi 34, Talata kuma a Memphis Jami'ar Mississippi ta karɓi nata rabon, 12. Wasa biyar ke nan cikin kwana shida a birane biyar, maki 91 a hannunsu, su kuwa ba wanda ya ci su ko ɗaya. Tsakanin wannan fili da wancan jirgin ƙasa ne gidansu, kuma kafin su koma makaranta sun ci tafiyar mil 2,500, wajen kilomita 4,000.

Sunan makarantar na takarda Jami'ar Kudu, amma kowa Sewanee yake ce mata, sunan ƙauyen da take. Ɗalibanta a shekarar 326 ne. Ta gama kakar da wasa 12, ta cinye duka, ta tara maki 322, aka ci ta 10, kuma goman nan ƙungiya ɗaya ce ta ci su a yammaci ɗaya. Amurkawa na yi wa samarin kirari da mazajen ƙarfe. Suna kuma da wani barkwanci da suka aro daga labarin halittar duniya a littafin Kirista, wai a rana ta bakwai sai suka huta, ko da yake hutun da aka tabbatar a rana ta huɗu ya faɗo.

Mai karanta jerin sunayen nan a yau dole ya riƙe baki, domin Texas da Texas A&M da LSU kowacce na da filin wasa mai cin mutum sama da 100,000, ga Texas da ɗalibai fiye da 50,000. Sewanee kuwa har gobe ɗalibanta ba su kai 2,000 ba, kuma a rukuni na uku take wasa, can ƙasan tsani, inda doka ta hana makaranta ba ɗalibi tallafin karatu saboda ya iya wasa. Shi ya sa aka mayar da labarin na ɗan tsakon da ya kori shaho. Ni dai ina ganin wannan karatun ya karkace, domin a 1899 shahon bai ƙyanƙyashe ba tukuna. Abin da ya fi buƙatar bayani shi ne me ya ɗora samarin nan a jirgi tun farko, da kuma yadda makarantar da ta yi wannan bajinta ta wayi gari bayan shekara arba'in ta buga wasa 37 a gasar yankinta ba ta ci ko ɗaya ba. Wanda ya bi sawun abubuwan biyu, wuri ɗaya za su kai shi: teburin mai karɓar kuɗin shiga.

Wasan da ake magana a kansa ɗan'uwan zari-ruga ne, ana rungumar ƙwallo mai siffar ƙwai a ruga da ita, mutum goma sha ɗaya a kowane ɓangare. Amma ko Ba'amurken yau da zai ga na 1899 sai ya tambaya shin kokawa ake ko turereniya. Ba a yarda a jefa ƙwallo gaba ba, sai 1906 aka halatta hakan. Ƙungiyar da ke riƙe da ƙwallo tana da yunƙuri uku ta ciyo yadi biyar, ƙasa da turmin atamfa guda, in ta kasa ƙwallo ta koma hannun abokan karawa. Tunda tazarar gajera ce, dabarar da ta fi ci ita ce a dunƙule wuri ɗaya a cusa mai ƙwallo ta tsakiyar mutane, wasu na ingiza shi ta baya, wasu na jan sa ta gaba, har a zube a kan juna. Hular kariya ba dole ba ce, da yawa suma suke tarawa ta zame musu matashi. Kai ƙwallo ƙarshen fili maki biyar ne, bugun da ke biye da shi maki ɗaya, bugun da aka cilla ta tsakanin sanduna daga cikin fili shi ma biyar.

Dokar da ta fi kowacce shafar wannan labari ita ce ta canji. Wanda aka fitar daga fili ya fita ke nan, ba ya komawa sai wani wasan. Waɗanda suka kai hari su ne za su juya su yi tsaro. Koci kuma an hana shi ba da umarni daga gefe, kyaftin da mai raba ƙwallo ne ke yanke shawara a ciki. To a irin wannan wasa me yawan ɗalibai zai tsinana wa makaranta? Ƙarti goma sha ɗaya da suka san hannun juna sun isa, sai 'yan kaɗan a benci saboda karaya ko targaɗe. Da 'yan wasa 18 Sewanee ta yi doguwar tafiyar. A yau babbar ƙungiyar jami'a na tara mutum kusan 100 ko fiye, rundunar hari daban, ta tsaro daban, har da wanda ba shi da wani aiki sai bugun ƙwallo da ƙafa. Wasan yau na mai yawa ne. Na 1899 mai jimiri ya fi cin ribarsa.

Sewanee ƙauye ne a kan tudun Cumberland, tsayin kusan mita 600, tsakanin Nashville da Chattanooga. Limaman cocin Episkofal na jihohin Kudu ne suka kafa jami'ar a 1857, yaƙin basasar Amurka ya tarwatsa shirin tun ba a fara karatu ba, sai 1868 ta buɗe da ɗalibai tara. Wurin na da iska mai daɗi da ruwan marmaro, abin da ba shi da shi jama'a ne. Mai zuwa can sai ya sauka a tashar Cowan ya hau ɗan jirgin da ke hawa tsaunin. Ko an tara duk mai numfashi a ƙauyen a bakin fili, abin da za a samu a ƙofa bai taka kara ya karya ba. Ga shi a wancan zamani harkar wasa a hannun ɗalibai take. Ɗaya daga cikinsu ke zama manaja, shi zai rubuta wasiƙu ya ƙulla wasanni, ya yi cinikin yadda za a raba kuɗin ƙofa, ya nemo takalma da riguna, ya san yadda za a sallami koci.

Ginshiƙin asusun ƙungiyar shi ne karawa da Vanderbilt a Nashville, wadda aka saba yi ranar bikin godiya na ƙarshen Nuwamba, birni ya fito kallo. A 1899 sai ɓangarorin biyu suka kasa daidaitawa kan rabon kuɗin, wasan ya wargaje. Manajan shekarar, Luke Lea, yaro ne ɗan shekara 20 daga wani babban gida a Nashville, irin mutanen nan da ba sa ganin rami sai sun ce za su tsallake. Lissafin ba shi da wuyar ganewa. Kai ƙungiya har Texas tsada gare shi, wasa ɗaya ba zai mayar da uwar kuɗi ba, amma in an riga an biya kuɗin hanya, duk birnin da aka tsaya aka yi wasa a kan hanyar dawowa ƙari ne. Sai ya jera biranen kamar ɗan kasuwar da ke bin kasuwannin ƙauye, yau ta nan ke ci gobe ta can. An ce abin da ya koro ɓera daga rami ya faɗa wuta ya fi wutar zafi. Cikin wasanni 12 na kakar uku kacal aka yi a gida, kuma dukansu an gama su cikin mako shida, daga 21 ga Oktoba zuwa 2 ga Disamba. Tun kafin doguwar tafiyar ma ya ɗanɗana abin a Atlanta, Georgia ranar Asabar 12 da nema, Georgia Tech ranar Litinin 32 da nema.

Yaron bai bar komai ga sa'a ba, sai abin da ya manta. Gangunan ruwan marmaron Sewanee ya sa aka loda a jirgi, don kada baƙon ruwa ya ɓata wa 'yan wasa ciki, wanda a zamanin taifot ba ƙaramar hikima ba ce. Ana kuma ba da labarin cewa jirgi ya yi nisa kafin a farga an baro takalman wasa a tasha, sai da ya yi ta fafutuka aka biyo su da su a wani jirgin. A Austin kyaftin Henry Seibels, wanda ake kira Diddy, ya samu tsaga a goshi, aka manna masa filasta ya ci gaba, domin fita na nufin an rasa shi har ƙarshe, kuma shi ya kai ƙwallo ƙarshen fili sau biyun da aka ci Texas. A sahun gaba akwai William Claiborne, ɗalibin ilimin addini mai ido ɗaya, wanda aka ce da mataccen idon yake razana wanda ke fuskantarsa. Daga baya ya zama babban limamin coci. Kasancewarsa a ƙungiyar na tuna wa mutum cewa a cikin 326 ɗin nan akwai masu karatun lauya da likita da addini, wato ba duka ne yara sabbin balaga ba.

Akwai wata fa'ida da makarantar ke da ita wadda masu kirari ba su cika ambata ba. Kalandarta baibai take da ta sauran. Tsaunin mafaka ne daga zafi da zazzaɓin shawara da na cizon sauro da ke addabar kwarin Mississippi da gaɓar teku, don haka ana karatu a can duk tsawon bazara, dogon hutu sai hunturu. Lokacin da ɗaliban wasu makarantu ke dawowa daga gida suna neman inda suka ajiye takalma, 'yan Sewanee sun yi makonni tare a wuri guda, a ƙauyen da babu wani abin ɗauke hankali. Kocinsu kuma, Billy Suter, daga Princeton ya fito, ɗaya daga cikin makarantun Gabas da suka raini wasan tun yana jariri. A wasan da ƙarfinsa ke ga mutum goma sha ɗaya su motsa kamar jiki ɗaya, waɗannan makonni sun fi ƙarin ɗalibai dubu amfani.

Sai kuma a dubi waɗanda aka doke, yadda suke a ranar. An fara wasan tsakanin jami'o'i a 1869, Rutgers da Princeton, amma bai sauko Kudu sosai ba sai bayan shekara ashirin. Vanderbilt ta fara a 1890, Sewanee 1891, Georgia da Auburn 1892, Texas da LSU da Tulane da Mississippi 1893, Texas A&M 1894. Ke nan a cikin biyar ɗin da aka lallasa a tafiyar babu wadda ta haura shekara shida da fara wasan, kuma Sewanee ta girme su duka. Yawancinsu ɗalibansu ɗaruruwa ne, a yankin da bai gama farfaɗowa daga yaƙi ba. Tulane ba ta ci wasa ko ɗaya ba a wannan kakar. LSU ɗaya tak ta ci. Texas ce mai ƙarfi a cikinsu, ita kuwa aka fara da ita, tun ƙafafu na da sauran laka. Ko tsarin taswira ne ya sa haka ko wayon Lea, abin ya yi musu daidai.

Duk wannan bai rage wa jikin samarin ciwo ba, kuma ba na son a ɗauka ina ƙoƙarin tsinke musu kambu. Wanda ya taɓa yin wasa mai gwabzawa ya san ranar da ta biyo baya ta fi ranar wasan wuya, gaɓoɓi sun sandare, ko matakala sai an dafa. Su kuwa a ranar suke sake shiga fili, su kuma maimaita a ta uku. Kuma hana abokin karawa cin ko maki ɗaya a wasa biyar a jere, ko da raunana ne, yana nufin ba wanda ya yi sakaci sau ɗaya. Shekara shida bayan haka, a 1905, wannan salon wasa ya kashe 'yan wasa kusan ashirin a faɗin ƙasar, a shekarar ne kuma Shugaba Theodore Roosevelt ya kira wakilan Harvard da Yale da Princeton fadarsa kan muguntar wasan. Irin wasan da suka yi sau biyar cikin kwana shida ke nan.

Inda aka auna su da gaske ba a tafiyar ba ne. Ranar 30 ga Nuwamba, ranar da a da ta Vanderbilt ce, suka haɗu da Auburn a Montgomery. Kocin Auburn John Heisman ne, mutumin da kyautar gwarzon ɗan wasan jami'o'in Amurka ke ɗauke da sunansa har yau. Ya zo da salon gaggawa, ana tashi daga wannan yunƙuri a faɗa na gaba kafin masu tsaro su jeru, kuma ana ba da labarin cewa wandunan yaransa na da maɗaurai da aka ɗinka don a ji daɗin jan mai ƙwallo, har sai da 'yan Sewanee suka yi ƙorafi aka yanke su. Auburn ce kaɗai ta ci Sewanee maki a duk shekarar. An yi kare jini biri jini, 'yan kallo na ta kutsowa cikin fili ana tsayar da wasa, duhu ya shigo, aka tashi lokaci bai cika ba, 11 da 10. Bugu ɗaya mai maki ɗaya ne ya raba su. Heisman bai haƙura ba, har a jarida sai da ya soki alƙalancin. 'Yan Sewanee dai da kyar na sha ya fi da kyar aka kama ni. Kwana biyu bayan haka suka je Atlanta suka ci North Carolina 5 da nema, bugu ɗaya na Rex Kilpatrick daga cikin fili, suka zama zakarun ƙungiyar wasannin jami'o'in Kudu.

A 2012 gidan tarihin gwarazan wasan ya shirya ƙuri'ar jama'a kan ƙungiyar da ta fi kowacce a tarihi, Sewanee ta 1899 ta kayar da Alabama ta 1961 ta lashe. Ƙuri'ar soyayya ce, ba laifi. Amma masu lissafin zakaran ƙasa na 1899 Harvard da Princeton suke ba wa, kuma Sewanee ba ta kara da ko ɗaya daga cikin manyan Gabas ba, don haka ba wanda zai iya rantsuwa kan abin da zai faru da sun haɗu. Abin da na yarda da shi ba tare da jayayya ba shi ne babu ƙungiyar da ta sake yin irin wannan makon, kuma ba za a sake ba, domin babu likita ko hukumar da za ta sa hannu a kan jadawalin Luke Lea a yau.

A cikin ayarin akwai wani mutum da sunansa ya daɗe a gefen labarin, Cal Burrows, baƙar fata, wanda aikinsa tausar 'yan wasa. In ana mamakin yadda jikin da aka jibga jiya ya tashi yau, to hannunsa na cikin amsar. Yana da kyau a tuna ƙasar da jirgin ke ratsawa. Shekara uku kafin nan, a 1896, kotun ƙolin Amurka ta halatta raba farare da baƙaƙe a taragun jirgin ƙasa, kuma shari'ar daga Louisiana ta taso, jihar da aka yi biyu daga cikin wasanni biyar ɗin. Hutun Lahadin ma a wata gonar rake suka yi shi. Babban jagoran kafa jami'ar, Bishop Leonidas Polk, mai bayi ne da yawa, ya zama janar a rundunar 'yan awaren Kudu, aka kashe shi a fagen daga a 1864. Duk ƙungiyoyin Kudu da aka ambata a nan na farare ne zalla a lokacin, kuma sai 1967 baƙar fata na farko, Nate Northington na Kentucky, ya buga wasa a babbar gasar yankin. Zakarun Kudu na 1899 zakarun waɗanda aka bari su shiga fili ne.

Sewanee ba ta faɗi nan take ba. Ta sake zama zakaran Kudu a 1909, ta kuma doke Vanderbilt a 1924. Amma ƙasa na zamewa a ƙarƙashinta tun da wuri. Bayan mace-macen 1905 aka kafa hukumar kula da wasannin jami'o'i da a 1910 ta koma NCAA, aka halatta jifa gaba, aka mayar da yadi biyar goma, a 1912 aka ƙara yunƙuri na huɗu. Wasan ya buɗe, ya yi daɗin kallo, masu kallo suka ninka, kuma inda 'yan kallo suka taru nan kuɗi ke taruwa. Vanderbilt ta gina fili mai cin kusan 20,000 a 1922, Texas da LSU suka buɗe nasu a 1924. Jami'o'in jihohi na kumbura da kuɗin gwamnati da 'ya'yan manoma da ke shigowa karatu. Da Alabama ta je California ta ci Washington 20 da 19 a ranar farko ta 1926, sai wasan ya zama abin tinƙaho na jiha sukutum, gwamnoni da 'yan majalisa da attajirai suka sa hannu. Makarantar coci a kan tsauni ba ta da jihar da za ta tsaya mata, ba ta da birnin da zai cika mata fili. Matsalar da ta sa Lea neman jirgi ita ce dai, sai dai yanzu wutsiyar raƙumi ta yi nesa da ƙasa.

Duk da haka, da jami'o'i 13 suka ɓalle a Disamba 1932 suka kafa gasar Kudu maso Gabas, wato SEC, Sewanee na cikinsu. Tsohon suna ne ya ba ta kujera. A 1935 gasar ta fito fili ta halatta biya wa ɗalibi kuɗin makaranta saboda wasa, abin da a da ake yi a bayan fage. Daga nan ciniki ya koma na mai zurfin aljihu. Tsakanin 1933 da 1940 Sewanee ta buga wasa 37 a gasar, ta sha kashi a 37. An ci ta maki 1,163, ita ta ci 84, kuma a wasanni 26 ko maki ɗaya ba ta samu ba. Wato abin da ta yi wa mutane a 1899 aka yi ta yi mata shekara takwas, wasu lokutan ma a hannun makarantun da ta taɓa lallasawa. Samarin na ci gaba da hawa jirgi suna bin birane saboda kuɗin ƙofa kamar kakanninsu, bambancin kawai yanzu an san sakamakon tun kafin a tashi.

Shugaban jami'ar, Alexander Guerry, shi ya ce a tsaya haka nan. A ƙarshen 1940 Sewanee ta fice daga SEC, a 1946 ta daina ba da tallafin karatu don wasa. Ba ita kaɗai ba ce ta yi irin wannan lissafi, Jami'ar Chicago, wadda ta fi ta girma da kuɗi nesa ba kusa ba, ta soke wasan gaba ɗaya a 1939, Georgia Tech da Tulane ma daga baya suka bar SEC a 1964 da 1966. Wasu na cewa da ta daure da yau tana cikin masu rabon ganima, tunda gasar na raba wa kowace mamba sama da dala miliyan 50 a shekara, mafi yawa daga talabijin. Wannan hange ne daga baya. Kuɗin talabijin bai ɓarke da gaske ba sai bayan 1984, da kotun ƙoli ta ƙwace ikon sayar da haƙƙin nuna wasanni daga hannun NCAA, kuma kafin a kai can sai makarantar ta yi shekara arba'in da huɗu tana aika yaranta a tattake su kowace Asabar. Dokar canji ma ta juya mata baya, daga 1965 aka sakar wa kowa mara ya sauya 'yan wasa yadda ya ga dama. A nawa ganin Guerry ya karanta allon daidai. Daga 2025 manyan jami'o'i na iya biyan 'yan wasansu kai tsaye, a shekarar farko har kusan dala miliyan 20.5 kowace makaranta. Wace makaranta mai ɗalibai ƙasa da 2,000 za ta shiga wannan gwanjon ta fito da rigarta?

Shi kuwa Luke Lea halinsa bai sake shi ba. Ya kafa jarida a Nashville a 1907, ya zama sanatan Tennessee a 1911 yana ɗan shekara talatin da 'yan kai, ya tafi yaƙin duniya na farko da muƙamin kanar. A Janairu 1919, yaƙi ya ƙare, sai ya ɗebi wasu sojoji a mota ya tsallaka Holan da niyyar kamo tsohon sarkin Jamus Wilhelm na biyu da ke gudun hijira a can. Ya kai har gidan da sarkin ya sauka, amma bai samu ganinsa ba. Daga baya harkar banki ta rufta da shi, ya shiga kurkuku a North Carolina a 1934, ya fito a 1936, aka yi masa afuwa a shekarar da ta biyo. Wanda ya san jadawalin Nuwamba 1899 ba zai yi mamakin ko ɗaya daga ciki ba.

Cikin makarantu 12 da Sewanee ta doke a kakar, bakwai suna SEC a yau: Georgia, Tennessee, Auburn, LSU, Mississippi, sai Texas A&M da ta shigo a 2012 da Texas a 2024. Cumberland, wadda ta sha 71 da nema, ita ce a 1916 Georgia Tech ƙarƙashin Heisman ɗin nan ta yi wa 222 da nema, kashin da ba a sake ganin irinsa ba. Wadda ta rage tare da Sewanee ita ce Southwestern Presbyterian, da ta sha 54 ranar 3 ga Nuwamba, kwana shida kafin wasan Austin. Ta ƙaura Memphis, ta koma Kwalejin Rhodes, kuma ita ce babbar abokiyar hamayyar Sewanee a rukuni na uku. In karawar ta faɗo a kan tsauni, a filin nan dai ake yin ta da aka fara amfani da shi a 1891, wanda ke ɗaukar 'yan kallo wajen 3,000.